Ƙwan Gajimare a Ɗakin Goggo

A gidanmu na Ƙofar Ran, duk mai son ya san yadda dodon ruwa ke shayar da 'ya'yansa, ko abin da ya sa aljanun tsamiya ba sa shiri da na kuka, to bakin murhun Goggo zai je. Yayar Baba ce. Mijinta ya rasu tun ban yi wayo ba, ta dawo gida aka ba ta ɗakin da ke jikin katangar baya, ta kama sana'ar ƙuli-ƙuli da man gyaɗa. Doguwa ce siririya mai wushirya, kuma ba ta iya magana hannunta na zaune ba. In tana ba da labari tana matsa tunkuza, sai man ya riƙa tsartuwa daidai inda labarin ya yi zafi.

Sunan mahaifiyarsu aka sa mini, shi ya sa take ce mini “uwata”. Tun ina ƙarama na zama mai murza mata ƙuli in na dawo daga makaranta, ladana kuwa labari. Inna ta taɓa leƙowa daga madafa ta ce, “Haba Yaya, tatsuniya da rana tsaka?”

Goggo ta ce, “Wa ya ce miki tatsuniya ce? Tatsuniya abin lallashin yara ce su yi barci. Wannan sani ne.”

Kuma kamar sani take ba da shi. Goggo ba ta ba mutum tsoro. Yadda makiyayi ke maganar shanunsa haka take maganar waɗannan halittu, abin da suke ci, inda suke kwana, cutar da ke kama su. 'Yan ruwa, in ji ta, fatarsu santsi gare ta kamar ta tarwaɗa, ba su da cibiya, kuma warin daddawa na sa su amai, don haka mai tsallaka kogi ya ƙulla 'yar kaɗan a gefen zane. Dodon kogo haƙoransa zuba suke yi kowace kaka kamar ganye, sai ya yi ta zaman kunu har sababbi su fito, a lokacin ko akuya ba ya iya kamawa. Akwai wata tsuntsuwa da ba ta taɓa sauka ƙasa, a bayan mijinta take ƙwai suna cikin tafiya a sama.

Amma wanda ta fi so, ni ma na fi so, shi ne gajimare. Siffar maciji gare shi, sai dai ba maciji ba ne. Kansa ja, jikinsa launi-launi. A tsohuwar rijiya yake zama ko cikin babban suri, ba ya cin komai sai ruwan sama. In hadari ya zuba ya ishi gonaki, sai ya miƙe tun daga raminsa har sama ya shanye saura, wannan miƙewar ce muke gani mu ce bakan gizo. Rabin jikinsa namiji ne, rabi mace, saboda haka ba ya neman abokin zama. Ƙwai ɗaya tak yake yi duk rayuwarsa, ya binne shi cikin suri, gara ta yi masa kwanci.

Na ce, “Goggo, yaya kamannin ƙwan?”

Ta tsaya da juya ƙulin, ta ce, “Wannan kam ban sani ba, uwata. Kakata ma da ta faɗa mini ba ta gani ba.”

Ba ni kaɗai ke sauraro ba. Akwai wata mata da ke kawo mana acca da itacen girki, mutanen duwatsun kudu ne, Kiristoci, suna zaune a wajen ganuwa, mijinta kafinta ne a ma'aikatar gwamnati. Mama muke ce mata. 'Yarta sa'ata ce, ajinmu ɗaya a elemantare, kuma ita ce ƙawar da ban sake yin irinta ba. Gajera ce mai ƙarfi, ba ta tsoron ƙadangare ko kunama, ta fi samarin unguwarmu iya hawa bishiya. In sun kawo acca, Mama ta sauke kaya ta zauna shan ruwa, sai a buɗe musu tsakaninta da Goggo. Mama tana da nata halittun. Ta ce a duwatsunsu akwai waɗansu gajerun mutane da ba su wuce gwiwa ba, ƙafafunsu na kallon baya, rema ce awakinsu, birai kuma karnukansu. Goggo ta ce ai ta san su, amma ba rema suke kiwo ba, zomaye ne. Mama ta ce ina zomo zai hau dutse? Su yi ta yi har man kasko ya fara hayaƙi. Hausar Mama ba ta raba mace da namiji, kowa “ya zo, ya tafi” ne, Goggo ta ce shi ya sa ita kaɗai ce ta iya maganar gajimare daidai.

Ni da ƙawata mun leƙa duk wata tsohuwar rijiya da ke tsakanin unguwarmu da bakin ganuwa. Mun taɓa samun saɓar maciji a gindin wata kuka, muka kawo da gudu. Goggo ta ɗaga ta a rana ta ce ta kumurci ce, mu mayar inda muka ɗauko, mu wanke hannu.

Abin ya faru ne a daminar shekarar da aka sami 'yancin kai. Gari ya cika da shiri. A makaranta kullum fareti ake koya mana da sabuwar waƙa, Baba kuwa, da yake tela ne, kekensa ba ya hutawa a zaure, ɗinkin kayan 'yan makaranta ya yi masa yawa. Wata Asabar da hantsi muna bakin murhu ni da ƙawata, sai muka ji sallamar Kawu, ƙanen Inna da ke noma a Zungur. Kawu mutum ne mai surutu da dariya, amma ran nan ya shigo shiru, yana rungume da kwando an rufe shi da buhu an ɗaure. Ko gaisuwa bai gama da Inna ba ya wuce wurin Goggo ya durƙusa.

Ya ce, “Goggo, abin da na kawo ya fi ƙarfin sanina. Shekaranjiya an yi ruwa da la'asar, bakan gizo ya fito, wallahi ƙafarsa ɗaya a kan surin da ke ƙarshen gonata ta tsaya. Jiya da sassafe na je, sai na tarar an fasa surin ta gefe. Na leƙa, ga wannan a ciki.”

Ya kwance igiya ya yaye buhun.

Wani dunƙulallen abu ne, girman madaidaiciyar ƙwarya, launin ƙasa-ƙasa. Duk jikinsa ɓawo ne mai tauri, wani kan wani, kamar an jera ganye an danne, kowane ɓawo da 'yan zane-zane kamar farce. Babu kai, babu ƙafa, babu ido. Jar ƙasar suri na manne a tsakanin ɓawon.

Goggo ta miƙe tsaye, matsamin ƙuli na hannunta yana ɗigar mai a ƙafarta ba ta ma sani ba. Ta daɗe tana kallo. Can ta ce a hankali, “La'ilaha illallahu. Uwata, kin tambaye ni kamanninsa. Ga shi nan.”

Ni dai ban san lokacin da na yi tsalle na ƙanƙame ƙawata ba. Muka yi ta ihu muna zagaya kwandon, “Ƙwan gajimare! Ƙwan gajimare!” Inna tana cewa a fitar mata da shi daga gida, Goggo tana cewa ko kusa, kajin gida suka watse, kaskon ƙuli ya ƙone ƙurmus babu wanda ya kula. Baba ya shigo da tsinin allura a baki, ya sunkuya ya ƙwanƙwasa abin da ɗan yatsa. Sai abin ya ƙara matsewa, ɓawon ya yi wani ƙas-ƙas. Baba ya ja da baya har hularsa ta faɗi.

Ya ce, “Yana da rai.”

Goggo ta ce, “To da fa? Ƙwai ai da rai a cikinsa.”

Baba ya ɗauki hularsa ya kaɗe, ya ce Allah ya halicci abin da muka sani da wanda ba mu sani ba, amma kada yaro ya sa hannu. Ya koma zaure. Keken bai sake motsi ba ran nan, domin kafin azahar labari ya gama unguwa. Mata suka yi ta shigowa da goyo, yara suka ɗare katanga, maza suka cika zaure ana fitar musu da kwandon su gani a dawo da shi. Wani tsoho ya ce alamar alheri ce ga sabuwar ƙasa, wani ya ce in ya ƙyanƙyashe a cikin gari ruwan bana ya ƙare ke nan, dawa ba ta gama ido ba. Har aka soma ɗaga murya.

Goggo ta kai kwandon ɗakinta ta ajiye a bayan randa, inda ke da sanyi da duhu kamar cikin suri. Ta naɗa mu ni da ƙawata masu gadi. Muka zauna a kan tabarma, ƙofa a sakaye, muna shawara cikin raɗa. In ya fito, wa zai fara gani ya ɗauka uwarsa ce? Zai fasa rufin ɗaki ya yi sama nan take, ko sai ya girma? Ƙawata ta ce ita za ta hau bayansa ta je ta ga duwatsunsu daga sama. Ni na ɗebo ruwan sama da Inna ta tara a baho na zuba a ƙoƙo na ajiye, don kada ya fito da yunwa.

Bayan la'asar hayaniya ta ragu, mutane sun tafi salla da girki. Goggo ta shigo ta zauna a bakin gado tana jan carbi. Ɗakin ya yi tsit. Sai muka ji ƙas, ƙas. Ƙawata ta damƙe mini hannu har faratanta suka shige.

Ƙwan bai fashe ba. Warwarewa ya yi. Wani gefe ya ɗago ya miƙe, ashe wutsiya ce, doguwa mai faɗi, ita ma duk ɓawo. Daga ƙarƙashinta wani ɗan siririn kai ya leƙo, mai tsinin hanci, da 'yan idanu baƙaƙe ƙanana kamar ƙwayar barkono. Hancin ya yi ta rawa yana sunsuna iska. Sannan hannuwa suka fito da zaƙo-zaƙon farata, ya kama bakin kwandon ya tuntsurar da shi, ya sauko ƙasa. Yana tafiya yana naɗe faratan ciki, kai a sunkuye, kamar baƙon da ya shigo gidan surukai. Da ya kai wurin ƙoƙon sai ya tsaya. Wani abu siriri ja-ja ya fito daga bakinsa, ya yi ta fitowa, ya yi ta fitowa, har na ɗauka maciji ne ke fita daga cikinsa. Harshensa ne. Ya tsoma shi a ruwan yana lasa, fal-fal-fal, da saurin da ido ba ya bi.

Goggo ta ce, “Kun gani? Ruwan sama ya fara nema.”

Na juya na dube ta, hawaye ne ke bin kumatunta, tana dariya ba sauti. Shekara da shekaru tana ba da labarin abin da ba ta taɓa gani ba, yau ga shi yana shan ruwa a ɗakinta.

Ƙawata ce ta kasa haƙuri, ta yi atishawa. Kafin ƙiftawar ido abin ya dunƙule ya koma ƙwai.

Da Mama ta zo ɗaukar 'yarta, muka ja ta har ɗakin muna magana lokaci guda. Ta tsuguna ta duba, sai ta tafa hannu ta faɗi wata kalma da yarensu. Ta ce ta san shi, tana yarinya an taɓa kama ɗaya a garinsu, aka kai wa tsofaffi, suka shafa masa mai suka mayar da shi daji da waƙa, domin wanda ya kashe shi gonarsa ba ta yin kirki. Washegari kuma wani maharbi da ya zo kallo ya ce a Hausa ɗankunya ake ce masa, shi ma sau ɗaya ya taɓa ganin sawunsa, bai taɓa ganin shi kansa ba. Na saci kallon Goggo.

Ko gezau. Ta ce, “Ɗankunya, to. Sunan yarinta ke nan. Kwaɗo ma ai da talibambam ya fara. Ku ba shi lokaci.”

Maharbin ya yi dariya ya ce shi ba zai yi musu da babba ba, mu ma muka koma murnarmu.

Sai dai matsala ta taso, ɗankunya ba ya cin abinci. Mun ba shi tuwo, mun ba shi nono, dafaffen ƙwai, ƙulin Goggo, har da tsokar kaza da Inna ta bayar tana mita. Ko sunsunawa ba ya yi. Goggo ta ce ruwan sama ya ishe shi, amma na ga ita ma hankalinta bai kwanta ba, don tafiyarsa ta soma rage ƙarfi. Mama ta ce gara yake ci da tururuwa, ba ya cin komai bayan su. Goggo ta ce ai dole, waɗanda suka yi masa kwanci su ne za su shayar da shi.

Ni da ƙawata muka ɗauki fartanya da tsohuwar ƙwarya muka fita bayan ganuwa inda ke da surai. Ƙawata ta sara, ni na kwasa. Ba mu san gara na da mayaƙa ba. Waɗansu masu jan kai suka fito suka kama mu a yatsu da ƙafafu, in ka ja jikin ya tsinke kan na nan a maƙale. Muka yi ta tsalle muna kururuwa muna dariya, muka iso gida da ƙwarya cike da ƙasa, garar duk ta gudu sai 'yan kaɗan. Ɗankunya ya lashe su a lasa biyu ya ɗago hanci yana neman ƙari.

Ƙawata ta ce, “Mu daina kawo masa suri. Mu kai shi wurin suri.”

Haka aka yi. Da yamma, rana ta yi sanyi, Goggo ta yafa mayafi, muka ɗauki kwando muka fita ta ƙofar gari, yaran unguwa na biye da mu an gargaɗe su kada wanda ya yi tari. Muka ajiye shi a gindin suri muka ja baya. Ya daɗe a dunƙule. Da ya warware ya ji warin abinci, sai ya zama wani daban. Ya miƙe a kan ƙafafun baya ya dogara da wutsiya, ya kafta wa surin farata. Ƙasar da ƙawata ta sha wuya da fartanya kafin ta fasa, shi ɓarke ta yake yi kamar gurasa. Ya zura kai, harshen na shiga ramuka yana fitowa baƙi ƙirin da gara. Mayaƙan suka hau shi ko'ina, ya rufe ido, ya girgiza ɓawonsa suka zube. Wani yaro ya manta da gargaɗi ya ce, “Kai!” Duk muka yi masa ca, amma ɗankunya ko waiwaye bai yi ba.

Kullum da yamma haka muke yi, na fi mako guda ban san me ake koya mana a fareti ba. Malamarmu ta ce hagu, ni na yi dama. Ɗankunya ya saba da mu. Ya daina dunƙulewa in ni ce ko ƙawata, har yakan hau cinyata ya tura hancinsa mai sanyi cikin hammatata. Cikinsa ba ɓawo, fata ce mai laushi da ɗumi. Ba shi da haƙori ko ɗaya, na duba. Goggo ta ce mai shan ruwan sama me zai yi da haƙori?

Masu zuwa gidanmu kuwa suka canza. Da masu kallo ne, yanzu masu nema. Wani mai maganin gargajiya ya zo ya ce a ba shi ɓawo uku kawai, wai maganin ƙarfe ne. Wani ya ce a yanka a raba, naman na maganin mayu. Goggo ta kore su da muciya. Sannan wani kuku da ke aiki a unguwar Turawa ya zo da saƙo, wai matar maigidansa ta ji labari tana son gani. Baba ya ce babu laifi a je. Kawu ya dawo gari a ranar, shi ya ɗauki kwandon, ni da ƙawata muka bi shi. Ban taɓa shiga wannan unguwa ba. Gidaje nesa da juna, ba katanga sai furanni, ciyawa a aske kamar kan yaro, mota a ƙarƙashin rumfa. Baturiyar ta fito da 'yar Hausarta, ta durƙusa a kan ciyawa da fararen gwiwoyinta. Ɗankunya ya ƙi warwarewa sai da na ɗora shi a cinyata na yi masa raɗa. Da kansa ya leƙo, matar ta dafe ƙirji ta yi wata 'yar ƙara irin wadda Inna ta yi ranar da ta fara ganinsa. Ta ɗauke mu hoto, ta ba mu alewa. Ta ce su sun kusa komawa ƙasarsu, amma akwai gidan ajiye namun daji a Jos, za ta iya sa a kai shi can a kula da shi.

Kawu ya ce ba nasa ba ne, sai ya tambayi mai shi.

Da muka faɗa wa Goggo, ta ce, “A keji? Wa zai riƙa kai masa suri a Jos?” Ta yini tana tsaki ita kaɗai.

Ɗankunya ne ya yanke maganar da kansa. Wata safiya muka tashi da salatin Goggo. Kwando a kife, bayan randa kuma ga rami ya huda gindin katanga ya fita waje, har hasken rana na shigowa ta ciki. Na fita ko ɗankwali babu. Ƙawata na zuwa biya mini makaranta ta tarar da ni ina kuka a lungu, ta ajiye allonta ta ce mu bi sawu. An yi yayyafi da asuba, ƙasa da danshi, ga jan wutsiyarsa nan ɓaro-ɓaro. Muka bi ta bayan gidaje, ta gefen kududdufi, har jikin tsohuwar ganuwa inda ta zube gara ta yi gida. Can muka hango taron yara da wani kare yana haushi. Ɗankunya na dunƙule, karen na ta cizo haƙoransa na zamewa, wani ƙaton saurayi kuma ya taho da buhu.

Ƙawata ba ta tsaya magana ba. Ta yi wa karen jifa ɗaya ya yi ƙara ya gudu, ta faɗa kan ɗankunya ta rungume. Saurayin ya ce shi ya fara gani. Na ce, “Na Goggo mai ƙuli ne, duk Ƙofar Ran an sani!” Yaran suka ɗauka, “Na Goggo ne! Na Goggo ne!” Ya tsaya yana zare ido, mu kuwa muka sheƙa. Gefen ɓawon ya yanki ƙawata a hannu, jini na zuba, ba ta sake shi ba sai a tsakar gidanmu.

Goggo ta wanke mata ciwon da ruwan gishiri ta ɗaure. Ta duba ɗankunya ko'ina, ba abin da ya same shi. Sannan ta ce wa Baba a aika wa Kawu ya zo da jaki.

Ta ce, “Gari ba wurinsa ba ne. Uwarsa ma na can na nemansa. Ni da kaina zan mayar da shi.”

Baba ya ce, “Yaya, yaushe rabonki da fita ko bakin kasuwa? Zungur fa ba nan kusa ba ce.”

Ta ce, “Jakin ne zai yi tafiyar, ba ni ba.”

Ranar Asabar muka kama hanya da sassafe. Goggo a kan jaki, ƙafafunta sun kusa taɓa ƙasa, kwando a gabanta. Kawu na ja, Mama ta ce ba za a yi ba ita ba, ni da ƙawata muna gaba muna baya kamar 'yan awaki. Dawa ta fi mutum tsayi hagu da dama, duwatsu sun yi kore shar. Goggo ta zama yarinya. Kowace tsamiya sai ta nuna ta faɗi masu zama a cikinta, kowane rafi sai ta tambaya ko mun ƙulla daddawa. Da muka wuce wani dutse Mama ta nuna mata rema na shan hantsi a kan fa, ta ce, “To ga awakin, ina zomayenki?” Goggo ta ce makiyayan sun kai su mashaya. Kawu ya yi dariya har jaki ya tsorata.

Mun isa da rana, muka huta a gidan Kawu, matarsa ta gasa mana sabuwar masara. Da la'asar muka tafi ƙarshen gona, rabin ƙauyen na biye da mu. Surin ya fi Kawu tsayi, gara ta riga ta toshe inda aka fasa. Mama ta shafa wa ɗankunya ɗan man gyaɗa a baya tana waƙa da yarensu a hankali. Goggo ta yi bismilla, ta ce ni zan ajiye shi. Na ɗauke shi, ya tura hancinsa a wuyana, na ji kamar in ruga da shi. Na dai ajiye.

Bai ko dubi surin ba. Ya ɗaga hanci ya sunsuna gabas, ya sunsuna kudu, ya bi ta cikin ciyawa kai a sunkuye, wutsiya na ja. Muna jin ƙas-ƙas ɗinsa har ya ɓace wajen wani kwari mai duhuwa. Ƙawata ta hau bishiya don ta ƙara hangensa, ta ce ba ta ga komai ba sai ciyawa na motsi.

Na ɗauka zan yi kuka, amma hadari bai ba ni dama ba. Iska ta taso, muka kwasa da gudu, Kawu ya goya Goggo tana dukan kafaɗarsa tana cewa ya sauke ta. Ruwa ya kama mu kafin mu kai gida, muka jiƙe sharkaf, muka kwana a Zungur. A ɗakin matar Kawu, muna shanya zannuwa a bakin wuta, matan ƙauyen suka cika ƙofa suna roƙon Goggo ta faɗa musu yadda aka yi. Ta gyara zama ta fara tun daga ranar da Kawu ya shigo da kwando. In ta kai wani wuri sai ta juyo ta ce, “Uwata, tsawon harshen nan ya kai ina?” Ni kuma in miƙa hannu in nuna.

Bayan 'yan makonni aka yi bikin 'yancin kai. Mun yi fareti da sababbin kayan da Baba ya ɗinka, aka raba mana 'yan tutoci, aka dafa shinkafa da nama a makaranta. Ƙawata ce ta riƙe tutar ajinmu, da tsumma ɗaure a hannunta, don ciwon bai gama warkewa ba. Baturiyar ta tafi ba mu ga hoton ba. Baba ya sa aka toshe ramin katanga bayan damina, Goggo ta tsaya a kan magini sai da ya bar mata 'yar kafa a ƙasa, wai don iska.